Waiwaye: Yadda mata ke shiga Kannywood, daga zamanin kaset zuwa YouTube

Lokacin da ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da fim ɗin Turmin Danya a Kano a 1990, samun kyamara ya fi sauƙi a kan samun macen da iyayenta za su bar ta ta fito a fim. 'Yan matan farko daga ƙungiyoyin wasan kwaikwayo da na talabijin aka ɗebo su, kuma sau da yawa sallamar ba ta wuce kuɗin mota ba.

Fim ɗin Sangaya ne ya juya lissafin wajen 1999, ya ɗaga Fati Muhammad, ya kuma koya wa furodusoshi cewa waƙa ke sayar da fim. Daga nan gwajin sabuwar yarinya ya koma iya rawa da mamin. Mawaƙiya irin su Fati Nijar ce ke rera waƙar a situdiyo, ita kuwa jaruma ta haddace baitocin, ta motsa baki daidai da sauti a lokeshan. Wadda bakinta ya saɓa da kiɗa sai a yi ta maimaita ɗauka har rana ta yi sanyi, kuma da wuya darakta ya sake nemanta.

Sai maganar kwali, wadda 'yan baya ba su sani ba. Furodusa kwalin kaset yake bugawa ya sayar wa 'yan kasuwar Ƙofar Wambai, su kuma su kwafi fim ɗin. To ɗan kasuwa fuska yake saya. Idan bai san wadda ke jikin kwali ba, kaɗan zai ɗauka. Wannan ya sa sabuwa take farawa da ƙawar jaruma ko ƙanwar miji, fitowa biyu ko uku, har sai wani ubangida ya yi kasadar haɗa ta da jarumin da kasuwa ta riga ta karɓa. Ta wannan ƙofar Nafisa Abdullahi ta fito a 2010, Rahama Sadau kuma a 2013, dukansu a hannun Ali Nuhu. Illar tsarin a bayyane take: babu rubutacciyar yarjejeniya, in aka ɓata da ubangida aiki ya tsaya.

Hukuma ta shigo a 2001, da kafa Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano bayan ƙaddamar da Shari'a. Amma an fi jin ta a 2007, zamanin shugabanta Abubakar Rabo, da aka dakatar da ɗaukar fim, aka tilasta wa kowane ɗan wasa rijista. Tun daga nan yardar iyaye ko waliyyi ta zama sharaɗi ga mace, kamfanonin kirki ba sa ɗaukar yarinyar da ta baro gida ba da sanin kowa ba. Aure kuwa, ga yawancinsu, shi ke rufe fitowa a gaban kyamara, shi ya sa kullum masana'antar ke cikin neman sabuwar fuska.

Satar fasaha ta kashe kasuwar faifai, tashar talabijin ta Arewa24 ta buɗe a 2014, aiki ya koma kan finafinai masu dogon zango. Yanzu furodusa kan leƙa Instagram da TikTok ɗin yarinya ya ga yawan mabiyanta kafin ya kira ta. Sai dai mai dogon zango ba ya ɓoye rauni yadda waƙa ke yi: jaruma za ta riƙe hali ɗaya zango bayan zango, masu kallo kuma suna faɗin ra'ayinsu a ƙasan bidiyon a YouTube tun daren da aka sake shi.