Taimin bel a tsofaffin injinan mota

Taimin bel, wanda wasu kanikawa ke kira bel ɗin taimin, igiyar roba ce mai haƙora a cikinta, wadda ke haɗa karanshaf da kamshaf a injin mota. Karanshaf shi ne ƙarfen da fistan ke juyawa a ƙasan inji, kamshaf kuma shi ke buɗe bawul-bawul a saman inji. A injin da ke aiki da bugu huɗu, wato shan iska da mai, matsewa, ƙonewa da fitar da hayaƙi, dole karanshaf ya yi juyi biyu kafin kamshaf ya yi ɗaya. Shi ya sa fulin kamshaf, wato faifan da bel ke hawa a kansa, yake da haƙora ninki biyu na fulin karanshaf, haƙoran bel ɗin kuma su ke hana wannan lissafi gocewa.

Ba shi ne fanbel ba. Fanbel a waje yake, ana ganinsa da zarar an buɗe bonet, aikinsa juya altaneta da famfon sitiyari da kwamfuresar sanyi. Taimin bel a ɓoye yake bayan murfi, kuma idan ya tsinke injin nan take yake mutuwa.

Asali da abin da aka yi shi da shi

Tsofaffin injina da sarƙa ko giya suke haɗa ƙarafan nan biyu, kamar yadda injin fetur na Peugeot 504 yake da sarƙa. Motar Glas 1004 ta Jamus, wadda aka fara ƙerawa a 1962, ita ce ta farko da aka fitar da yawa da bel mai haƙora. Fiat da Pontiac suka biyo a 1966. Kamfanoni sun karɓe shi saboda ba ya ƙara, ba shi da nauyi, ba ya buƙatar mai, ga araha. Zuwa shekarun 1980 da 1990 yawancin ƙananan motocin Japan da Turai da shi suke fitowa.

Kashi uku ne a jikinsa. Akwai robar, wadda a da niyofirin ce, daga baya aka koma wata mai jure zafi da ake kira HNBR. A cikin robar an jera zaruruwan gilashi, wani lokaci na aramid, su ne ke ɗaukar ƙarfin ja kuma su hana bel miƙewa. Sai yadin nailan da aka lulluɓe haƙoran da shi don kada ƙarfen fuli ya cinye su. Zaren gilashi yana jure ja sosai, amma ba ya jure lanƙwasa mai tsanani. Bel ɗin da aka ninke shi gida biyu aka cusa a aljihu ko aka ɗaure da waya ya riga ya karye a ciki, ko da bayansa na sheƙi.

Siffar haƙora ma ta bambanta: akwai masu kusurwa, akwai masu zagaye. Bel biyu za su iya zuwa tsawo ɗaya da yawan haƙora ɗaya, amma siffar ta saɓa. Wanda bai dace da fulin ba zai hau, injin ya tashi, sannan haƙoran su gutsure cikin ɗan lokaci.

Injin da ke karo da wanda ba ya karo

Abin da ya fi muhimmanci mai mota ya sani shi ne wane irin inji gare shi. A wasu injina, bawul ɗin da ya buɗe gaba ɗaya yana shiga wurin da fistan ke isowa idan ya hau sama. Lokaci ne kawai ke raba su. Bel na tsinkewa, kamshaf ya tsaya da wasu bawul a buɗe, karanshaf kuwa ya ci gaba da juyawa da nauyin mota, fistan ya doke su. Sakamakon shi ne bawul-bawul sun lanƙwashe, wani lokaci hannayen da ke danna su sun karye, in abin ya yi muni kan bawul ya ɓalle ya fasa fistan da kan silinda.

Injinan Honda Accord masu silinda huɗu na 1990 zuwa 2002, wato F22 da F23, masu karo ne. Haka injinan D na Civic, da injinan Peugeot 406 masu bawul 16, da injinan dizal irin 2L da 3L da 5L na Hilux da Hiace. Injin 5S-FE mai lita 2.2 na Toyota Camry daga 1992 zuwa 2001 da 4A-FE na Corolla ba sa karo: bel ya tsinke, mota ta tsaya, a sa sabo ta tashi. Wannan sauƙi ne ga aljihu kawai. Injin da ya mutu ana cikin gudu yana sa sitiyari ya yi nauyi, birki kuma ya yi tauri bayan taku ɗaya ko biyu, kuma hakan hatsari ne ko da ba abin da ya lanƙwashe.

Camry mai silinda huɗu daga 2002 da Accord mai silinda huɗu daga 2003 sun koma sarƙa, amma Accord mai silinda shida ta ci gaba da bel.

Abin da ke kashe shi

Tsufa da zafi su ne na farko. Roba tana bushewa ko mota na tafiya ko tana ajiye, don haka kamfanoni ke ba da iyaka biyu, nisa da shekaru, duk wanda ya riga cika. Honda ta sa wa Accord ta 1998 zuwa 2002 mil 105,000, kusan kilomita 168,000, ko shekara 7. Amma littafin motar ya ce idan ana yawan tuƙa ta a zafin da ya wuce digiri 43, a sauya a mil 60,000, wato wajen kilomita 100,000. Wanda ke Sakkwato ko Maiduguri ko Yamai, inda zafin bazara ke kaiwa nan, wannan adadi na biyu shi ne nasa. Ga injinan Toyota na wancan zamani, kilomita 100,000 shi ne adadin da aka saba, kuma Hilux da Hiace masu dizal suna da fitila a dashbod da ke kamawa idan lokacin ya yi. Fitilar nisa take ƙirgawa, ba ta ganin bel ɗin, kuma kashe ta ba tare da sauya shi ba yaudarar kai ce.

Motocin da aka shigo da su na hannu suna da wata matsala. Na Amurka da mil suke ƙirga nisa, mil ɗaya kuwa kilomita 1.6 ne, kuma sau da yawa ba a san ko an taɓa mitar ba, ko yaushe aka sa bel ɗin da ke ciki. Idan babu takarda ko rubutu a murfi da ke nuna ranar sauyi, abin da ya dace shi ne a ɗauka lokaci ya yi, musamman a inji mai karo.

Abu na biyu da ke kashe bel shi ne baƙin mai. Bayan fulin kamshaf da na karanshaf akwai sil da ke tare mai. Idan suka tsufa suka fara tsiyaya, man ya jiƙa bel, robar ta kumbura ta yi laushi, haƙoran su rabu da jikinsa. A 5S-FE akwai ƙarin wuri: famfon mai ma taimin bel ne ke juya shi, kuma sil ɗinsa da zoben robar da ke bayansa sun shahara da yoyo idan suka bushe. A F22 da F23, sil ɗin sandar daidaita girgiza ta gaba yakan fito daga mazauninsa, mai ya zube da yawa cikin ɗan lokaci, shi ya sa ake ɗaura masa ɗan ƙarfen da ke riƙe shi.

Na uku, kuma wanda aka fi mantawa, abokan tafiyarsa. Bel yana bi ta kan fulin ɗauri da fulin jagora, kowanne da boris a ciki, kuma a yawancin injinan nan shi ke juya famfon ruwa. Sau da yawa ba bel ne ke fara gazawa ba. Boris ya bushe ya kama, bayan bel ya goge a kansa ya ƙone. Ko famfon ruwa ya fara rawa ya ture bel gefe. Zuba ruwan famfo ko na rijiya zalla a lagireto maimakon ruwan sanyaya inji yana kawo tsatsa, tsatsar ta ci sil ɗin famfon, ruwa ya shiga boris. Sai kuma murfin da aka cire ba a mayar ba, ko aka mayar a fashe: ƙurar hunturu da yashi da tsakuwa su shiga tsakanin haƙora.

Alamu

Akan cire murfin sama a duba. Tsagewa a bayan bel, bayan da ya yi ƙyalli da tauri, tsaga a gindin haƙora, gefen da ya zazzage zare na fitowa, garin roba a cikin murfi, ko jiƙewar mai, kowanne ya isa dalilin sauyi. Sai dai bel mai kyan gani ba shaida ba ne, domin zaruruwan ciki ba a ganinsu. Kukan da ke tashi da tashin inji yana nuna ɗauri ya yi yawa ko boris ya fara ci. Bugun da ake ji a jikin murfi yana nuna sako-sako.

Idan bel ya tsallake haƙori ɗaya, injin na iya tashi amma ba ƙarfi, yana kakkarwa, yana shan mai. A fuli mai haƙora 40, haƙori ɗaya digiri 9 ne na kamshaf, wato digiri 18 na karanshaf. Idan ya tsinke ko haƙora suka zube, wanda yawanci a ƙaramin fulin karanshaf yake faruwa, sitata za ta juya injin da sauri fiye da yadda aka saba, da sauti mara nauyi. A nan kuskuren da ake yi shi ne a yi ta murɗa makulli ko a tura mota. A inji mai karo kowane juyi ƙarin ɓarna ne.

Yadda ake sauyawa

Aiki ne da ake yi inji na sanyi. A cire wayar batir, a ɗaga gaban mota a kan madogara, a cire tayar da ke ɓangaren bel, wato dama a Camry, hagu a Accord. A tallafi injin daga ƙasa da jak da katako, domin sai an kwance kujerar inji ta wannan gefe. A cire fanbel, a cire fulogi duka don injin ya juyu da hannu cikin sauƙi.

Kafin a taɓa bel, a kawo fistan na ɗaya ƙarshen hawansa a bugun matsewa. A 5S-FE, tsagar fulin karanshaf ta tsaya kan sifili a murfin ƙasa, ramin da ke fulin kamshaf kuma ya yi daidai da alamar da ke bayansa. A F22 da F23, kalmar UP a fulin kamshaf ta kalli sama, layukan gefenta biyu su yi daidai da saman kan silinda. Ɗigon fenti a tsohon bel da fuli taimako ne, amma alamun kamfani su ne abin dogaro, domin mai yiwuwa wanda ya yi aikin baya ya bar shi a goce.

Notin fulin karanshaf shi ne mai wahala. Wasu kan jingina sifana a jikin mota su buga sitata don ya kwance. Wannan dabara a injin da ke juyawa irin hannun agogo kawai take ci, kamar Toyota. F22 da F23 saɓanin agogo suke juyawa, don haka ƙara ɗaure shi za ta yi. Nasu yana buƙatar mariƙi mai kusurwa shida na milimita 50 da doguwar sanda.

Da an cire bel, kada a juya karanshaf ko kamshaf a inji mai karo. A nan ne ake sauya fulin ɗauri da sifirin ɗinsa, fulin jagora, famfon ruwa da gasket ɗinsa, da duk sil. Barin tsohon boris a ƙarƙashin sabon bel tattali ne mai tsada, domin duk wahalar kwancewar sai an sake ta. A wanke fuli da murfi su bushe sarai. Shi kuwa bel ba a wanke shi da fetur ko kananzir.

Ana ɗora sabon ne daga fulin karanshaf, a bi ta gefen da ba fulin ɗauri a miƙe ba sako-sako, a bar duk ragowar ta taru a gefen ɗauri. Idan akwai kibiya a bayansa, ta bi juyin inji. Da hannu ake tura shi, ba a ɓanɓara shi da sukundireba. Accord tana da bel na biyu, ƙarami, na sandunan daidaita girgiza. Ana kulle sandar baya da ƙusa mai kaurin milimita 6 ta ramin da ke bayan inji, kuma dole a zare ta kafin a juya komai. Idan wannan bel ya goce, injin zai yi ta girgiza, idan kuma ya tsinke yakan faɗa cikin babban.

Ɗauri kuma sifirin ne ke yanke shi, ba ƙarfin bakanike ba. A F22 da F23 ana juya inji saɓanin agogo har kamshaf ya matsa haƙora uku, a sassauta notin ɗauri sifirin ya ja, sannan a ɗaure shi a kan nitan-mita 44, wato ma'aunin ƙarfin ɗauri. A 5S-FE ana juya karanshaf juyi ɗaya da bakwai bisa takwas zuwa alamar digiri 45 da ke murfi, sannan a ɗaure a kan 42. Notin fulin karanshaf 108 ne a 5S-FE, 245 a F23, kuma sifanar awo ce kaɗai ke tabbatar da wannan.

Sannan a juya injin da hannu cikakken juyi biyu ta hanyar da yake juyawa, a sake duba alamu. Idan an ji ya cije, a tsaya, kada a tilasta. Sai alamu sun dawo daidai ake mayar da murfi duka, a zuba ruwan sanyaya inji, a fitar da iskar da ta maƙale a ciki, a rubuta kwanan wata da nisan mita a jikin murfi.

Bayan tsinkewa

A inji mai karo, sa sabon bel ba ya gama magana. Ana auna matsin kowace silinda; wadda ta yi ƙasa sosai ko ba ta da matsi, bawul ɗinta ya lanƙwashe. Tazarar bawul da ta buɗe fiye da ƙa'ida ma tana nuna haka, domin bawul ɗin da ya karkace ba ya komawa mazauninsa. Dole a sauke kan silinda, a sauya bawul-bawul ɗin, a duba bututun da suke zamewa a ciki ko ya tsage, a duba saman fistan, a sa sabon gasket. Kuma a gano abin da ya tsinka tsohon, ko mai ne, ko boris, ko famfon ruwa. Bel na hannu da ake cirowa daga injinan da aka shigo da su bai cancanci a ɗora shi ba, domin ba wanda ya san shekarunsa, haka ma sabon da ba lambar kamfani a bayansa ko wanda ya daɗe a rataye rana na dukansa a shago.