Daɗewa a gonar gado ba ya mayar da ita taka

An daɗe ana cewa wanda ya shekara goma yana noman gona, ta zama tasa. A ƙauyukan Garwa da Marwa da ke arewacin Kamaru wannan magana ta raba zumunci da yawa, kuma masu faɗinta suna da inda suka jiyo ta, wato hukuncin hauzi (daɗewa da riƙe abu ba tare da wani ya yi jayayya ba) a fiƙihun Malikiyya.

Sai dai hauzi yana da sharaɗi. Shekara 10 ɗin tsakanin bare ne, kuma sai mai gona yana gari, yana gani, ya yi shiru ba uzuri. Tsakanin dangi malamai sun tsawaita wa'adin har wajen shekara 40, saboda kara. Idan kuwa an san aro ne, ko haya, ko jingina, to shekaru ba sa goge asali. Gonar da ba a raba gadonta ba ma haƙƙin magada ce duka, har da mata. A dokar Kamaru, takardar mallakar fili ce shaidar mallaka a hukumance.

Don tantancewa, a tambayi maƙwabtan iyaka da jauro (mai gari) yadda aka shiga gonar: wa ya ba da ita, ana kai buhun dawa bayan girbi? A rubuta, shaidu biyu su sa hannu.

Don Allah ku tura wa 'yan uwa.