Fasahar jiki da na'ura

Fasahar jiki da na'ura wani reshe ne na fasahar zamani, inda mai fasaha kan ajiye fenti da buroshi, ya mayar da jikinsa kayan aiki a gaban 'yan kallo, sau da yawa tare da kyamara, kwamfuta ko intanet. Abin da ya raba ta da wasan kwaikwayo shi ne babu shiga rigar wani. In jini ya zuba, na gaske ne. Tambayar da take tonowa ita ce wane ne mutum, kuma ina iyakar jikinsa tun da na'ura ta zama kamar gaɓa a gare shi.

Ta kankama ne a shekarun 1960 da 1970. A birnin Kiyoto na Japan, Yoko Ono ta zauna a dandali a 1964, ta bar 'yan kallo suna yanke mata tufafi da almakashi. A 1974 kuwa, a Italiya, Marina Abramović ta jera abubuwa 72 a kan tebur, har da fure da bindiga, ta tsaya ƙyam awa 6, kowa ya yi mata abin da ya ga dama. Da farko kunya ta hana mutane, daga baya suka yayyaga mata kaya, har wani ya ɗora mata bindigar. Nam June Paik, ɗan Koriya, shi ya buɗe ƙofar amfani da talabijin da bidiyo a aikin fasaha. Stelarc na Ostareliya ya wuce nan, domin likitoci ya sa suka dasa masa siffar kunne a hannun hagu.

Zariya na da hannu a wannan tarihi. A 1958 ɗaliban zane na kwalejin da ta zama Jami'ar Ahmadu Bello a 1962, irin su Uche Okeke, Demas Nwoko, Bruce Onobrakpeya da Yusuf Grillo, suka kafa ƙungiyar da ta ce a gauraya dabarun Turawa da gadon gida. Daga sashen zane na wannan jami'a da ke Samaru Jelili Atiku ya fito a 1998. Sassaƙa ya karanta, amma da jikinsa aka san shi: yakan naɗe kansa da jan ƙyalle ko ya shafe jiki da launi, ya ratsa titi, yana nuni da zubar da jini da zalunci. An kama shi a Ejigbo ta Legas a Janairun 2016 bayan wani wasa, sannan a 2017 ya yi wasa a babban baje kolin fasaha na birnin Benis a Italiya.

Ga Bahaushe ma abin ba baƙo ba ne sosai. Yaron da ya manna gemun auduga ya fita tashe da azumi, da ɗan tauri mai goga wuƙa a cikinsa a gaban jama'a, duk da jiki suke magana, sai dai ba wanda ya kira su 'yan baje koli. Inda ake samun saɓani shi ne batun tsiraici, wanda ya yi yawa a ayyukan Turawa, kuma ba zai samu wurin zama a Sabon Gari ko Tudun Wada ba.

Ɓangaren kwamfuta ya fi saurin yaɗuwa, don ba ya buƙatar zaure. Osinachi, ɗan Aba, da Microsoft Word yake zana hotunansa, kuma a 2021 kamfanin gwanjo na Christie's ya sayar da ayyukansa a Landan.