Waiwaye kan zancen "gurguwar fahimtar" ma'aikata a tsarin jari-hujja

Mutane da yawa suna jingina wa Karl Marx maganar nan cewa talaka yana da gurguwar fahimta, shi ya sa yake goyon bayan tsarin da ke tatsarsa. Marx bai taɓa rubuta wannan lafazi ba. Abokinsa Friedrich Engels ne ya yi amfani da shi a wata wasiƙa da ya aika wa wani marubuci ɗan gurguzu na Jamus, Franz Mehring, ranar 14 ga Yulin 1893, shekara goma bayan mutuwar Marx. Kuma ba leburori Engels yake nufi ba. Masana yake nufi, irin waɗanda suke zaton tunaninsu daga tsantsar hankali ya fito, alhali ba su san abin da ke ingiza su ba.

Engels ya yi maganar ne yana bayanin "ideology", kalmar da muke fassarawa da "aƙida" a wannan fage, kuma ita kanta kalmar ta girmi su biyun. Wani Bafaranshe, Destutt de Tracy, ya ƙirƙiro ta a 1796 a matsayin sunan ilimin da zai binciki yadda tunani ke samuwa. Napoleon ne ya mayar da ita zagi, yana kiran masu wannan ilimi 'yan mafarki. Da wannan tabon Marx da Engels suka ɗauke ta a wani dogon rubutu da suka yi a birnin Brussels tsakanin 1845 da 1846. A ciki suka ce masu riƙe da masana'antu da filaye su ne kuma ke riƙe da hanyoyin yaɗa tunani, saboda haka ra'ayinsu ne ke zama ra'ayin zamani. Ba su sami mai buga rubutun ba. Marx da kansa ya ce sun bar wa ɓeraye shi. Sai a 1932 ya fito cikakke, wato su Lenin, jagoran juyin gurguzu na Rasha, ba su karanta shi ba.

Inda bayanin Marx ya fi ƙarfi shi ne batun lada. A wani jawabi da ya yi a Landan a 1865 ya kawo lissafi mai sauƙi. A ce abin da zai riƙe lebura a rana ya kai sule uku, kuma aikin awa shida ya isa ya samar da wannan ƙima. Mai masana'anta ya biya shi sule ukun, amma ya sa shi aikin awa goma sha biyu, wanda ke samar da sule shida. Sule ukun da ya rage shi ne rarar da riba ke fitowa daga ciki. Abin lura shi ne yarjejeniyar ta ce "ladan yini guda", don haka dukkan awa goma sha biyun sai su yi kama da an biya su. Ya kwatanta wannan da manomin Turai na da, mai yin kwana uku a gonarsa, kwana uku a gonar mai ƙasa. Duk wanda ya san bambancin gandu da gayauna ya gane wannan nan take: aikin wani da aikin kai a rabe suke, a wuri da kuma lokaci, ido yana gani. A masana'anta kuwa babu kunyar da ta raba su. Kenan babu wanda ya yi wa lebura ƙarya, kuma ba wauta ce ke damunsa ba. Shi ma mai masana'antar haka yake ganin abin. Fasalin cinikin ne ya ɓoye rabon.

Abin ya sauya salo ne da juyin juya halin ma'aikata da aka yi ta jira ya ƙi zuwa. Ranar 4 ga Agustan 1914, wakilan jam'iyyar gurguzu ta Jamus, wadda ta fi kowace jam'iyyar ma'aikata girma a duniya, suka kaɗa ƙuri'ar amincewa da kuɗin yaƙi. Ma'aikatan Jamus da na Faransa suka tafi kashe juna. Tun 1902 Lenin ya riga ya ce ma'aikata su kaɗai ba za su wuce neman ƙarin albashi ta ƙungiyar ƙwadago ba, sai an kawo musu wayewar juyi daga waje. A 1923 Georg Lukács, ɗan ƙasar Hangari, ya bambanta abin da ma'aikaci ke tunani a zahiri da abin da ya kamata ya yi tunani in da ya hango matsayinsa gaba ɗaya. Nan ne matsalar ta shigo. Wa ke yanke hukuncin abin da "ya kamata"? A aikace jam'iyya ce. Kuma hujjar ta zama mai cin kowane ɓangare: in lebura ya yarda da kai ya waye, in ya musa, musun nasa shi ne shaidar cutar.

Antonio Gramsci, wanda gwamnatin Mussolini ta kama a 1926, ya sassauta zancen a rubuce-rubucensa na kurkuku. A ganinsa mai mulki yana samun yardar jama'a ta makaranta, coci da jarida, amma sai ya ba da wani abu na gaske kafin ya samu, kuma kan talaka a rabe yake: bakinsa na maimaita abin da ya gada, aikinsa na nuna wani abu dabam. Louis Althusser kuma a 1970 ya mayar da aƙida al'adar yau da kullum da hukumomi ke horar da mutum a kai.

Daga nan masu bincike suka shiga fili. Michael Burawoy ya yi wata goma yana aikin inji a wata masana'anta a kudancin Shikago daga 1974. Ana biyan su ne gwargwadon abin da suka ƙera. Akwai ma'aunin kashi 100, wanda ko ba ka kai ba za a ba ka albashin ƙasa. Ana sa ran ƙwararre ya kai 125. Ma'aikatan kuma sun yi wa kansu iyaka a 140, domin in aka wuce, ofis zai sake auna aikin ya tsananta ma'aunin; abin da ya ƙaru sai a ɓoye don gobe. Wannan tsere ya zama wasa mai sa yini ya yi sauri, faɗa kuma ya koma tsakanin mai inji da mai duba kaya ko mai ba da kayan aiki, maimakon da mai kamfani. Babu wanda ya yi musu huɗubar jari-hujja. Yarda ta fito ne daga tsarin aikin.

A 1980 wasu masana uku, Abercrombie, Hill da Turner, suka ce aƙidar masu mulki ta fi haɗa kan masu mulkin kansu. Talaka kuwa buƙatar abinci ce ke riƙe shi. James Scott ya zauna a wani ƙauyen manoman shinkafa Musulmi a jihar Kedah ta Malesiya daga 1978 zuwa 1980, lokacin da injin girbi ya ƙwace aikin 'yan ƙwadago, masu hali kuma suka rage zakka da walimar da suka saba. A gaban mai gona, ladabi. A bayan ido, gulma, laƙabin marowaci, jan ƙafa da ɗibar shinkafa cikin dare. Wanda ya tsaya ga abin da ake faɗa a fili zai rubuta cewa sun yarda.

Muna da misalin da ya dace a gida. An kafa jam'iyyar NEPU a Kano ranar 8 ga Agustan 1950, kuma sanarwarta ta Sawaba ta fito fili ta yi maganar gwagwarmayar talakawa da masu riƙe da En'e. Amma a zaɓen tarayya na 1959 NPC ta ci kujeru 134, NEPU takwas. Mai gaggawa zai ce gurguwar fahimta ce. Sai dai a lokacin dagaci ne ke yanka haraji, kotun alƙali da 'yan doka da gidan yari duk suna hannun En'e, kuma 'yan NEPU sun sha ɗauri. Bayan mulkin soja ya karɓe 'yan doka da kotuna, aka kuma yi gyaran ƙananan hukumomi a 1976, PRP ta Malam Aminu Kano ta ci gwamna a Kano da Kaduna a 1979, kuma soke haraji da jangali na cikin abubuwan da Abubakar Rimi da Balarabe Musa suka fara yi.