Kaɗaici da na'urorin sadarwa a fim ɗin gwaji

Fim ɗin gwaji shi ne wanda ba ya bin tsarin labarin da aka saba gani a silima, kuma ba don kasuwa ake yin sa ba. Tun shekarun 1960 wasu masu wannan sana'a a Amurka da Turai suka riƙa nuna yadda na'urar da aka ƙera don sada mutane kan bar mutum shi kaɗai.

Asali

Ƙaramar kyamarar bidiyo ta Sony ce ta buɗe ƙofa, domin mutum ɗaya a ɗakinsa yana iya ɗaukar kansa. Akan ce Nam June Paik, haifaffen Koriya, ya fara aiki da irinta a New York a 1965, ko da yake wasu na cewa sai 1967 mai batir ta fito. A 1974 Paik ya girke gunkin Buddha a gaban akwatin talabijin, kyamara na ɗaukarsa tana nuna shi a talabijin ɗin, ba abin da gunkin yake kallo sai kansa.

A shekarar ne masu fasaha 'yan Amurka Richard Serra da Nancy Holt suka yi bidiyo mai suna Boomerang a wani gidan talabijin na Amarillo, jihar Texas. Bai fi minti goma da ɗoriya ba. Holt na zaune da abin sauraro a kunne tana magana, muryarta na dawo mata kafin daƙiƙa ta cika. Tana ƙoƙarin faɗin abin da take ji, amma kowace kalma sai ta yi karo da wadda ta gabace ta, har harshenta ya yi nauyi, tana jan magana tana tsayawa. Akwai masu kallo, amma ita da kanta kawai take fama. Da wuya a sami aikin da ya kama lamarin kamar wannan.

Saɓani

A 1976 mai sharhin ayyukan fasaha Rosalind Krauss ta rubuta a mujallar October cewa bidiyo tamkar madubi yake ga mai yin sa. Paik kuwa yana ganin na'ura za ta haɗa jama'a: ranar 1 ga Janairu 1984 ya haɗa New York da Paris ta tauraron ɗan'adam a shiri guda.

Zamanin intanet

A Mass Ornament (2009), Natalie Bookchin ta jera ɗaruruwan bidiyon YouTube na masu rawa, kowa a ɗakinsa shi kaɗai, amma motsi iri ɗaya. Chantal Akerman, 'yar Beljiyam, ta sa hirarta da mahaifiyarta ta Skype a fim ɗinta na ƙarshe, No Home Movie (2015).