Ƙarar gaggawa kan kuɗin kaya a Indiya: yaya mai saye zai kare kansa?

Bashi hanji ne, yana cikin kowa. Amma wanda ya karɓi kaya ya noƙe da gangan daban, wanda yake da hujjar ƙin biya daban. Dokar Indiya ta buɗe wa na biyun ƙofa, sai dai ba ta daɗewa a buɗe.

Mece ce ƙarar gaggawa?

Hanya ce da Oda ta 37, wato wani babi na dokar tsarin shari'un haƙƙi ta 1908, ta tanada, don mai bin bashi kada ya shekara yana zarya a kotu. Ana bin ta idan kuɗin ƙayyadadde ne kuma akwai rubutu, kamar takardar alkawarin biya, cek, ko rubutacciyar yarjejeniya. Kotuna sun sha karɓar takardar odar kaya da ta lissafin kuɗinsu a matsayin yarjejeniya.

To ai kowa na da 'yancin kare kansa, ko ba haka ba?

A ƙara ta yau da kullum haka ne. A wannan kuwa sai ka nemi izinin kotu, kuma a nan mutane da yawa suke faɗuwa. Daga ranar da sammaci ya shiga hannunka, kwana 10 gare ka ka sanar da kotu ka bayyana, kai ko lauyanka, tare da adireshin da za a same ka. Ka yi shiru, doka ta ɗauka ka amsa duk abin da mai ƙara ya faɗa. Idan ka bayyana, zai aiko maka da sammaci na biyu, na neman hukunci, sai ka sake samun kwana 10 ka shigar da takardar rantsuwa kana neman izinin kare kai. Kotu na iya yafe jinkiri idan dalilin mai ƙarfi ne, amma ban ba kowa shawarar ya dogara da wannan ba.

Me za a rubuta a takardar rantsuwar?

Cewa "ba ya bi na ko sisi" ba ta fitar da kowa. Alƙali abin da zai riƙe a hannu yake nema. A ce an aiko maka buhu 200 a takarda, da aka sauke ka ƙirga 160, ka rubuta hakan a bayan takardar sauke kaya, direba ya sa hannu. Wannan takardar ita ce gatanka. Haka saƙon da ka tura a makon da kaya suka iso kana cewa sun jiƙe, ko shaidar banki ta kuɗin da ka biya ba a cire ba. Ƙorafin lalacewar kaya da bai fito ba sai bayan sammaci, alƙali zai dube shi da shakka, kuma yana da gaskiya. Duba kwanan wata ma: dokar wa'adin ƙara ta 1963 shekara 3 ta ba mai neman kuɗin kaya.

Kotu takan ba da izinin kuwa?

Kotun Ƙolin Indiya ta shimfiɗa ma'auni a shari'ar IDBI Trusteeship da Hubtown a 2016. Mai hujja ƙwaƙƙwara a ba shi izini ba sharaɗi. Wanda hujjarsa ke da alamar shakku, ana iya sa shi ya ajiye kuɗi ko jingina. Wanda ya zo da soki-burutsu kawai don jan lokaci, shi ake hanawa. A 2022, a shari'ar B.L. Kashyap da JMS Steels, rigimar kan kuɗin ƙarfen gini ce. Ɗan kwangilar, wato B.L. Kashyap, ya ce mai aikin ginin ne ya kamata ya biya, ƙananan kotuna suka hana shi izini, Kotun Ƙoli ta ba shi, ta kuma jaddada cewa ba da izini shi ne asali, hanawa togiya ce. Wannan ya yi mini daidai, domin sauri bai kai a yanke wa mutum hukunci ba a ji ta bakinsa ba.

Idan na yarda ana bi na wani ɓangare fa?

Sai ka ajiye wannan ɓangaren a kotu kafin a ba ka izinin jayayya kan sauran.

An riga an yanke hukunci ban sani ba, shi ke nan?

Da sauran dama. Ƙa'ida ta 4 a cikin Oda ta 37 ta ba kotu ikon soke hukuncin idan akwai yanayi na musamman, misali sammaci bai iso gare ka ba. Sai dai bayan uzurin rashin zuwanka, dole ka nuna hujjar da za ka kare kanka da ita idan an sake buɗe shari'ar.