Tawali'u

Tawali'u hali ne na mutum ya ajiye kansa a matsayinsa na gaskiya, kada ya ɗauki kansa fiye da yadda yake, kada kuma ya raina na ƙasa da shi. Hausawa kan kira shi ƙanƙan da kai ko sauƙin kai. Kishiyoyinsa sun fi shi yawan sunaye: girman kai, jiji da kai, ɗagawa, fankama, alfahari, izza. A littattafan malamai da karin maganar Hausa, tawali'u ba ya tafiya shi kaɗai, kusan kullum a gefen hikima ake ambatonsa, domin ana ganin ta ƙofarsa sani yake shiga.

Asalin kalmar

Kalmar ararriya ce daga Larabci, tawadu'u, daga tushen da ke nufin ajiye abu ko saukar da shi ƙasa. Harafin Larabci na ladi yakan koma "l" a bakin Bahaushe, shi ya sa ake cewa alƙali, alwala, farilla da lalura. Wannan sauyi alama ce ta cewa kalmar ta daɗe a Hausa, ta hanyar malaman zaure ta shigo.

A shekarar 1974 Baturen nan Anthony Kirk-Greene ya wallafa nazarinsa a kan mutumin kirki a wurin Hausawa, inda ya lissafa halaye goma, cikinsu har da haƙuri, hankali, kunya, ladabi, mutunci da hikima. Tawali'u ya ratsa yawancinsu. Ladabi shi ne abin da ido yake gani, tawali'u kuwa yana ciki, shi ya sa ake samun mai ladabin baki da zuciyarsa take cike da girman kai.

A Musulunci

Wurin da Alƙur'ani ya fi haɗa tawali'u da hikima a fili shi ne Suratu Luƙman. Aya ta 12 ta ce an ba Luƙmanu hikima. Ayoyi na 18 da 19 kuma suka kawo abin da wannan mai hikima ya hori ɗansa da shi: kada ya karkatar da kuncinsa ga mutane, kada ya yi tafiyar taƙama, ya tsakaita tafiyarsa, ya sassauta muryarsa, domin mafi munin murya ita ce ta jakuna. Abin lura shi ne horon ya sauko har kan yadda mutum yake taka ƙasa da yadda yake buɗe baki. A Suratul Kahfi kuma, daga aya ta 60 zuwa ta 82, an ba da labarin Annabi Musa da ya yi tafiya takanas don ya koya a wurin wani bawan Allah, wanda Hausawa suka sani da Halliru. A ɗaya gefen akwai Iblis, da ya ƙi yi wa Adamu sujada yana cewa shi ya fi, tunda daga wuta aka halicce shi.

Wani hadisi da Muslim ya ruwaito ya fassara girman kai da abu biyu: ƙin gaskiya da raina mutane. Hadisin ya zo ne bayan wani ya tambaya game da mutumin da yake son tufafinsa da takalminsa su yi kyau, aka nuna masa cewa wannan ba shi ne girman kai ba. Saboda haka babbar riga mai aska takwas ba ta hana tawali'u, tsumma kuma ba ya tabbatar da shi. Ma'aunin shi ne yadda mutum yake yi idan wanda bai kai shi ba ya gyara masa kuskure. Imamul Gazali, wanda ya rasu a 1111, ya ajiye tawali'u a tsakiya, girman kai na samansa, wulaƙanta kai na ƙasansa, duka biyun kuma abin zargi ne.

"Ban sani ba"

Ƙasar Hausa ƙasar Malikiyya ce, kuma cikin labaran Imamu Malik, wanda ya rasu a Madina a shekara ta 179 bayan Hijira, wanda malamai suka fi maimaitawa shi ne na "la adri", wato ban sani ba. An ruwaito cewa an taɓa yi masa tambayoyi 48, ya amsa 32 daga ciki da wannan kalma. Daga irin wannan tarbiyya ne malami yake rufe fatawa da "Allahu a'alamu".

Ana ganin tsarin ƙarara a makarantar zaure. Bayan sallar asuba malam yana kan buzunsa, ɗalibai sun tuɓe takalma a ƙofa sun zauna a kan tabarma, kowa da littafinsa. Cikinsu akwai matashi, akwai ɗan kasuwa mai furfura wanda a kantinsa yara goma ke jiran umarninsa. Idan layi ya zo kansa sai ya matso, ya ce "Allah ya gafarta Malam", ya ja baƙi, malam yana fassara, shi yana "na'am". In ya yi tuntuɓe a wasali, wani yaro da bai kai sa'an ɗansa ba yana iya gyara masa, ya karɓa ya maimaita. Wanda ba zai iya haɗiye wannan ba, da wuya ya sauke ko da Ahalari. Malaman jihadi ma a haka suka taso: Abdullahi ɗan Fodiyo ya rubuta littafi sukutum, Ida'un Nusukhi, don ya lissafa malaman da ya yi karatu a wurinsu.

A karin magana da zaman yau da kullum

"Girman kai rawanin tsiya", in ji Hausawa. Suka kuma ce "matambayi ba ya ɓata", da "durƙusa wa wada ba gajiyawa ba ne", wanda ke nuna cewa mai neman biyan buƙata ba ya raguwa don ya sunkuya. "Gaba da gabanta" tana tuna wa gwani cewa akwai wanda ya fi shi, "ɗan hakin da ka raina shi ke tsone maka ido" kuma tana gargaɗi a kan raina ƙarami. Mafi kaifi a cikinsu wataƙila ita ce "gwano ba ya jin warin jikinsa": mutum ba ya ganin aibinsa, dole sai wani ya faɗa masa, kuma ba wanda zai faɗa wa mai ɗagawa.

Duk da haka al'adar ta ware wa yabon kai filinsa. Ɗan dambe, ɗan tauri da maharbi suna yi wa kansu kirari a bainar jama'a, ba mai cewa sun yi rashin kunya. In suka kai wannan kirarin zauren surukai, nan ne za a ce ba su da hankali.

Inda ake ruɗewa

Abu biyu ake yawan ɗauka tawali'u alhali ba shi ba ne. Na farko kunya ce irin wadda take hana tambaya. Buhari ya kawo maganar Mujahid cewa mai jin kunya da mai girman kai ba sa samun ilimi, ya kuma kawo yabon da Nana A'isha ta yi wa matan Ansar cewa kunya ba ta hana su fahimtar addini ba. Majinyacin da ya gyaɗa wa likita kai bai gane yadda zai sha magani ba, a nan ya faɗa.

Na biyu shi ne fadanci. Faɗuwa gaisuwa, "ranka ya daɗe" da zube takalmi tun daga nesa suna iya zama girmamawa, suna iya zama tsoro ko neman abin hannu. Wannan ya zama batun siyasa a Arewacin Nijeriya bayan kafa jam'iyyar NEPU a Kano a 1950, lokacin da Malam Aminu Kano da mabiyansa suka riƙa kiran talakawa su daina ƙasƙantar da kansu a gaban masu sarauta. Masu adawa da su sun kira abin rashin kunya. Shi kansa Malam Aminu an san shi da sauƙin rayuwa da ƙofa a buɗe ga kowa, a gidansa na Gwammaja.

A wasu al'ummomi

Littafin Karin Magana na Baibul, sura 11 aya 2, ya ce girman kai yana jawo kunya, hikima kuwa tana tare da masu tawali'u. A Girka, masanin falsafa Sukurat, wanda aka yanke wa hukuncin kisa a Atina a shekara ta 399 kafin haihuwar Annabi Isa, ya ce abin da ya fi sauran mutane da shi kawai shi ne ba ya zaton ya san abin da bai sani ba. A 1999 wasu masana halayyar ɗan Adam biyu na Jami'ar Cornell a Amurka, David Dunning da Justin Kruger, sun gwada ɗalibai a nahawu da mantiƙi da gane barkwanci, suka ga waɗanda suka fi faɗuwa su ne suka fi kai kansu inda ba su kai ba. Wasu masana lissafi sun soki yadda aka fassara sakamakon, kuma har yanzu ana muhawara a kansa.